Birnin da Baba Bulgeriya Ya Tsamo Daga Ruwa

Ni Ɗanjuma, duk wanda ya zauna a Guangzhou ya san idona ba ya kuskure. Ka ɗaga min turmin atamfa daga ƙarshen layi a kasuwar Canaan, ina tsaye ina sakace, zan gaya maka ko zai karɓu a Kwari ko zai kwanta a shago har ɓera ya yi jikoki a cikinsa. Haka idon nawa yake a kan mutane. Kallo ɗaya nake wa mutum in san abin da ya ci da safe. Shi ya sa da 'yan'uwa suka ce a rubuta wani abu a kan marigayi Injiniya Hamisu, wanda muke kira Baba Bulgeriya, na ce a bar min. Na san shi kamar yunwar cikina.

To, gaskiya ranar da na fara ganinsa ɗauka na yi mai maganin basir ne.

A gidan abincin nan na bene a unguwar Dengfeng ne, inda muke cin tuwon shinkafa da miyar kuka mai ɗanɗanon gudun hijira. Zafi ake kamar ana toya mutane, sai ga dattijo siriri da kwat ta ulu, ya rataya tef ɗin awo a wuya. Ya ja kujera ya zauna a teburinmu, ya dubi cokalina.

"Ɗan'uwa, ara min wannan."

"Baba, ci nake da shi."

"Ci da hannu, ya fi albarka."

Kafin in rufe baki ya kwashe tsinken cin abincin 'yan Sin guda biyar, ya jera su suka zama katanga mai kusurwa biyar. Kofunan shayi suka zama hasumiyoyi. Cokalina ya zama babban titi. Ya ɗauki sabuwar wayata, ko ledarta ban ɓare ba, ya ajiye a kusurwa ɗaya.

"Wannan fadar sarki ce. Kada ka taɓa."

Alhaji Isuhu na Maraɗi, abokin cin abincina, sai na ga ya ɗauke kwanonsa ya ɗora a cinya. Ban gane ba. Kaico, da na gane!

Baba ya ce wannan birnin wasu mutane ne da ake kira Tarakiyawa, mahaya dawaki, da suka yi mulki a ƙasar da yanzu ake kira Bulgeriya, shekara dubu biyu da ɗari uku da suka wuce. A littafi sunan birnin Seuthopolis, amma harshena bai taɓa kai shi ƙarshe lafiya ba, mu Safto muke cewa. Ga ƙofofi biyu, ga kasuwa a tsakiya, ga kogi ya yi masa rawani ta gefe uku. Birnin ya ɓace, mutane suka manta da shi, sai da aka zo gina madatsar ruwa ma'aikata suka ci karo da harsashinsa. Masana suka zo suka tone shi lungu-lungu, suka auna, suka ɗauki hoto, suka kwashe tulunan da tsabar kuɗin da wani dutse mai rubutun Girkanci.

Na ce, "Ikon Allah! Sai aka fasa dam ɗin?"

Ya ɗaga butar shayi. "Sai aka yi haka."

Jama'a, ya tuttula! Shayi ya ci katanga, ya ci kasuwa, ya shiga fadar sarki ta wajen caji.

"Baba, wayata!"

"Kai waya ka rasa kake ihu. Su gari guda suka rasa."

Alhaji Isuhu ya mayar da kwanonsa yana cewa, "Bon, barka da zuwa. Ni a gabana garin ga ya nutse ya hi sau ɗari."

Daga ranar na zama ɗan rakiyarsa, don na ƙudura sai na gano abin da ke damun mutumin nan. Abin da na tattaro shi ne: yana saurayi gwamnati ta tura shi Bulgeriya karatun noman rani, aka kai shi koyon aiki a wannan madatsar. Wani tsohon mai gadi ya ɗauke shi a kwalekwale, suka je tsakiyar ruwa, ya ajiye filafili ya ce masa, yanzu kana kan kasuwa. Baba ya ce ya leƙa bai ga komai ba sai fuskarsa. Ya dawo gida ya yi aikin gwamnati har ya yi ritaya, sannan ya zo nan yana duba wa 'yan kasuwa injinan ban ruwa kafin a loda a kwantena. Idan Baba ya kara kunne a jikin inji ya ce a'a, ko mai kamfanin zai yi birgima ba za a loda ba.

Nakan ce, "Baba, wai me ya haɗa ka da mutanen nan? Ba danginka ba, ba su san alƙibla ba, ko gaisuwa ba su taɓa aiko maka ba."

Amsarsa ɗaya ce kullum: "Ɗanjuma, ci tuwonka."

Maganar tsimi kuwa, a bar wa Baba. Jakar shayi ɗaya yakan yi mata wankan gawa sau huɗu, ya shanya ta a jikin fanka. Tasi kuwa bai san cikinta ba. Cewa yake, "Ƙafa ba ta shan mai." Wata Juma'a mun fito daga Masallacin Huaisheng, ina ta hango shinkafar da ke jirana, ya kama hannun rigata, ya kama ta Alhaji Isuhu.

"Ku zo ku gani, nan ne kusa."

Kusan Baba irin kusan Bafulatani ce. Muka yi ta tafiya har takalmina ya fara neman saki, sai ga mu a titin Beijing, inda ake sayar da kayan yayi. A tsakiyar titin akwai wuri da aka shimfiɗa gilashi, a ƙasa ana ganin tsofaffin hanyoyin garin hawa-hawa, ta wannan zamani a kan ta wancan. Sau nawa na wuce wurin ina neman takalmin yara, ban taɓa duban ƙasa ba! Baba ya naɗe babbar riga, ya durƙusa, ya kifa fuska a gilashin kamar mai leƙen tukunya.

"Kun gani? Su da gilashi suka rufe nasu. Kowa ya wuce ya gaisa da kakansa. Can kuwa ruwa aka zuba."

Alhaji Isuhu ya ce, "Injiniya, tashi mu tahi. Wallahi za a kore mu ƙasar ga saboda matattun wata ƙasa."

Sai ga mai gadi da hula yana kaɗa hannu, "Meyo, meyo!" wato babu, ba a yi. Baba ya ɗago ya ce masa nihau, wato sannu, ya miƙa masa bakin tef, ya nuna masa inda zai tsaya. Ban san yadda aka yi ba, amma da idona na ga ma'aikacin hukuma yana riƙe da tef, Baba yana auna faɗin tubali yana yi masa bayani da Hausa da Bulgeriyanci, shi kuma yana gyaɗa kai. Da suka gama Baba ya ce masa shiye-shiye, wato na gode, ya juyo ya dube mu.

"Wannan ya fi ku fahimta."

A hanyar dawowa ne ya ba mu labarin tuddan da ke kewaye da Safto, waɗanda ashe kaburburan sarakuna ne. A cikin ɗaya an zana sarki da matarsa a rufin ɗaki, sun riƙe hannun juna, ana jan dawakai a gefe, fentin kamar jiya aka shafa. A gaban wani an tono kan sarki na tagulla, da gemu, da idanu masu kallon mutum kamar ya san laifinsa. Ya ce an taɓa kawo shawarar a zagaye birnin da katuwar katanga a tsakiyar ruwa, a zuƙe na ciki, mutane su riƙa zuwa a jirgi suna sauka. Har yau shiru.

Na ce, "Baba, da injinanka ashirin ai mun gama aikin kafin La'asar."

Bai yi dariya ba. Sai na ga yana lissafi da yatsu. Na yi sauri na canja magana kada a tura ni sayo tiyo.

Bara ne ƙafafunsa suka fara kumbura. Likita ya duba ya ce zuciya ce, 'ya'yansa suka dame shi da waya ya dawo gida, takardar zamansa kuma saura wata uku. Ya kira ni ɗakinsa da hantsi, ya buɗe wata tsohuwar jaka, ya fito da takarda da ta sha ninki har ta yi laushi kamar tsumma. Taswirar Safto ce, da hannunsa ya zana tun yana ɗalibi.

"Ɗanjuma, ka ce kai ne sarkin atamfa."

"Duniya ta shaida, Baba."

"To wannan nake so a buga. Ba zan hau jirgi ba sai na riƙe ta a hannu. Shekara arba'in ina ba da labarin garin nan da cokula, da an goge tebur shi ke nan. Ina so a gan shi da ido, a rana, yana yawo a kan titi."

Na dubi takardar. Layuka ne kawai da 'yan murabba'ai, kamar takardar rabon filaye. Na ce a raina ko kyauta aka ba mace wannan sai ta yi shimfiɗar kaji da ita. Amma na dubi ƙafafun nan da suka cika silifa, na ce, "An gama."

Kamfani ba ya tayar da inji don turmi ɗaya, sai da diloli. Na bi 'yan'uwa ɗaya-ɗaya, kowa ya yarda zai ɗauki wani abu don kunyar Baba. Alhaji Isuhu ya ce shi nashi labule zai yi da su a Maraɗi, ko ya raba wa maƙiya. Muka hau jirgin ƙasa zuwa masaƙar da nake hulɗa da ita, aka kai mu wajen Madam Lin, shugabar masu zane, mace mai gilashi a kan hanci wadda ta san abin da matan Kano ke so fiye da mazajensu.

Ta juya takardar sama da ƙasa. Ta ce da Turancinta na kasuwa, zanen atamfa maimaita kansa yake, dole gefe ya haɗu da gefe, kusurwa biyar ba ta zama. A bar mata za ta gyara.

Samfurin farko ya zo bayan sati. Ta miƙar da katangar ta zama murabba'i tsaf. Baba ya sa tabarau.

"Wannan ba Safto ba ce. Wannan rukunin gidajen ma'aikata ne. Ina lambar gida?"

Samfuri na biyu, kusurwa biyar ta dawo, amma don zanen ya haɗu an juya kowane birni na biyu, fada ta koma ɗaya gefen.

"Sarki ɗaya a fada, sarki ɗaya a bayan gari wajen juji! Ɗanjuma, gaya mata a ƙasarsu haka ake yi wa sarakuna?"

Ban gaya mata ba. Na ce mata Baba ya ce aikin ya yi kyau, saura kaɗan. Ta dube ni ta saman gilashi, ta ce, "Lawban, fuskarsa ba ta ce haka ba." Lawban wai maigida, amma yadda take faɗar tawa kamar tana kiran ɗan aike.

Na uku ma Baba ya mayar da shi, wai an ƙara ƙofa ta uku. Da tef ya auna titi a kan yadi! Kwanaki suna tafiya, numfashinsa yana gajarta, hawa benen gidan abinci sai ya huta sau biyu. Babban ɗansa ya sayi tikiti ya turo, Baba ya ce a ɗaga. Aka ɗaga. Na ga idan aka ci gaba a haka, to a nan za mu yi masa sutura.

Sai na koma wajen Madam Lin ni kaɗai. Na ce ta bar birnin yadda yake a takarda, ko ɗigo kada ta taɓa, ta ware biranen nesa da juna yadda ba sai sun haɗu ba. Ta ce to filin da zai rage tsakani fa? Mace ba ta ɗaura fili. Na ce ta cika shi da duk abin da ta ga dama, ni dai a gama. Ina fita na fara nadama. Mutumin da ya yi faɗa a kan ƙofa ɗaya, me zai yi idan ya ga an yi masa shuka a bayan gari?

Ranar da samfurin ya iso, na kira Alhaji Isuhu ya zo ya tsaya kusa da ƙofa saboda ko-ta-kwana. Na warware turmin a kan gadon Baba. Shuɗi ne mai duhu, birnin da ruwan zinare, kusurwa biyar cif. Tsakanin birni da birni kuwa Madam Lin ta zuba furen wardi, jajaye da ruwan hoda, har ba masaka tsinke.

Ya cire tef daga wuya, na ce shi ke nan. Sai ya ajiye shi a gefe. Ya shafa furannin da tafin hannu.

"Wa ya gaya mata?"

"Gaya mata me, Baba?"

"Kwarin da Safto take ciki duk gonakin wardi ne. Da shi suke yin turare. Mu ɗalibai akan kwashe mu da sassafe mu je tsinka, kafin rana ta shanye ƙamshin. Hannuna yakan yi sati yana ƙamshi." Ya share ido da hannun kwat. "Ban taɓa ba ku wannan labarin ba. Wa ya gaya mata?"

Na gyara tsayuwa na ce, "Baba, ai ka san ni da bincike."

Alhaji Isuhu ya ce, "Maƙaryaci! Jiya ka ce mini in ya tashi duka in riƙe shi."

Daga baya na tambayi Madam Lin. Ta ce wardin ragowar zanen zanin gado ne da wani ɗan Dubai ya fasa saya.

Baba ya hau jirgi da turminsa a jakar hannu, ya ƙi yarda a auna shi da kaya. Kwantena ta bi shi bayan wata biyu. Ni da na rantse ba za a sayi ko ɗaya ba, sai ga waya daga Kwari: a ƙaro! Kun san matanmu ba sa barin atamfa ba suna. Wannan suka raɗa mata Mijina Ya Sayi Fili. Har anko aka yi da ita. Alhaji Isuhu bai yi labulen ba.

Ina Guangzhou labarin rasuwarsa ya same ni. Sai bayan arba'in na samu zuwa Kano, na je gaisuwa wajen yayarsa, Iya Yalwa, tsohuwa ƙarama mai kaifin ido irin nasa. Ita ta ba ni labarin ranar da aka kai shi asibiti na ƙarshe. Ana tura shi a keke, ya hango wata mata da atamfar a baranda, ya sa aka tsaya. Ya dube ta sama da ƙasa ya ce, "Baiwar Allah, ki canja tela. Ya yanke miki ƙofar gari." Matar ta ɗauka zafin ciwo ne. Iya ta ce har aka shiga da shi ɗaki yana murmushi.

Sai ta sa aka ɗauko turmin nasa aka shimfiɗa a tabarma, 'ya'ya da jikoki suka kewaye. Ni kuwa na ga fage. Na tattare hannun riga na fara: ga fada, ga kasuwa, ga ƙofa ta ɗaya, ga ta biyu. Sai wata jika ta nuna wani ɗan da'ira a wajen katanga, bakin kogi, da wani abu kamar laima a gefensa. Ban taɓa lura da shi ba. Amma ni a tambaye ni in ce ban sani ba?

"Wannan kabarin babban sarkinsu ne. Da dawakai saba'in aka binne shi."

Iya Yalwa ta matso, ta kanne ido ɗaya.

"Wannan? Rijiyarmu ce. Ga tsamiyar nan kusa da ita."

"Iya, wace rijiya?"

"Ta ƙofar gidanmu a Rafin Ɗinya. Bai gaya maka ba? Ai mu ma ruwan dam ne ya tashe mu. Yana ɗan shekara tara aka zo da motoci aka kwashe mu. Shi aka ɗora a kan ƙyauren ɗakin Inna ya danne kada ya faɗo. Inna kuwa tana can, shekara ɗaya kafin nan aka binne ta, bayan tsamiyar." Ta ɗora yatsa a wurin. "Da ya dawo daga karatu ya ce min, Yaya, su can kafin a saki ruwa sai da aka auna komai aka zana. Mu ko mai biro ɗaya ba a turo mana ba."

Na dubi rijiyar nan, ta maimaitu daga wannan bakin zani zuwa wancan, kowane birni da tasa.

Allah Ya jiƙan Baba Hamisu, Ya sanyaya makwancinsa, Ya yafe masa kurakuransa. Allah Ya sada shi da Innarsa a gidan da ba a tashin kowa. Mu da muka rage a ƙasar mutane, Allah Ya mai da mu gida lafiya, Ya sa mu cika da imani.

Addu'ar da na yi a gaban Iya ke nan, aka shafa. Da na tashi tafiya sai zuciya ta ci ni, na tsaya a bakin ƙofa.

"Iya, ya taɓa yi miki zancena kuwa? Ɗanjuma, babban amininsa?"

"Ya yi mana. Ya ce wani mai tumbi zai zo da bayani. A ba shi tuwo ya ƙoshi, don yana da kirki. Amma duk abin da ya faɗa a raba huɗu a ɗauki ɗaya."